Fadar shugaban Indiya: ta sarakunan Mughal ce ko ta Turawa?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ranar da aka rantsar da Firaministan Indiya a 2024 mun kalli bikin a talabijin ni da abokina, a gaban wani makeken gini mai baƙar ƙubba. Shi ya ce tsohuwar fadar sarakunan Mughal ce, ni na ce Turawan mulkin mallaka ne suka gina ta. Har yau musu bai ƙare ba. Wa ke da gaskiya? In kuwa Turawa ne, don me shugaban ƙasa zai zauna a gidan waɗanda suka mallake su?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Kai ka ci musun. Amma kada ka yi saurin yi wa abokinka dariya, domin kuskuren da ya yi shi ne ainihin abin da masu ginin suka kashe dukiya don a riƙa yi. So suke duk wanda ya hango gidan ya ɗauka gadon sarakunan da suka shuɗe ne, kuma su ne magadan.

Sunan gidan a yau Rashtrapati Bhavan, wato gidan shugaban ƙasa. Sunansa na yanka kuwa gidan Viceroy, muƙamin Baturen da ke wakiltar Sarkin Ingila a Indiya. An fara aikinsa a 1912, aka tare a 1929. Sarkin ƙarshe na Mughal, daular Musulmi da ta mulki Indiya kafin Turawa, wato Bahadur Shah Zafar, Turawa sun tuɓe shi bayan boren 1857, ya rasu a Rangoon a 1862. Ka ga ke nan sai da aka yi shekara 50 da binne shi kafin a haƙa harsashin wannan gida.

Da farko ma ba a Delhi Turawa ke mulki ba. Hedikwatarsu Kalkata ce, can gabas a yankin Bengal, inda suka fara da fatauci har suka zama masu ƙasa. A 1905 Lord Curzon ya raba Bengal gida biyu, sai gari ya ɗauki zafi: ƙaurace wa kayan Ingila, zanga-zanga, har da jefa bama-bamai. Da tura ta kai bango sai aka nemi mafita wadda ba za ta yi kama da gudu ba. Ranar 12 ga Disamba 1911, a babban taron hawan da aka yi a Delhi, Sarki George na Biyar ya miƙe da kansa ya sanar da abu biyu: an soke rabon Bengal, kuma hedikwata ta tashi daga Kalkata ta koma Delhi. Delhi na da abin da Kalkata ba ta da shi. Gari ne na sarauta tun ɗaruruwan shekaru, daula bayan daula, kowacce ta bar ganuwarta da masallatanta da kaburburanta. Wanda ya zauna a Delhi, a idon talakan Indiya, shi ne sarki.

Inda Sarkin ya aza tubalin farko, arewa da tsohon birni, sai aka tarar fadama ce mai ambaliya da sauro. Aka kwashe tubalan aka koma kudu, kan wani tudun dutse mai suna Raisina. Akwai mutane a wurin. Ƙauyukan Raisina da Malcha, iyalai kusan 300, aka tashe su da dokar karɓar filaye ta 1894, aka haɗa eka kusan 4,000. Ina yawan tuna wa ɗalibaina wannan, don littattafan da ke yabon ginin kan fara labari daga ranar da mai zane ya iso, kamar dai tudun babu kowa.

Mai zanen shi ne Edwin Lutyens. A lokacin sunan da ya yi na gina wa attajiran Ingila gidajen hutu ne a karkara, bai taɓa riƙe aiki mai girman wannan ba. Ba za a rasa nasaba da aurensa ba, don matarsa Emily 'yar Lord Lytton ce, wanda shi ma ya taɓa zama wakilin Sarki a Indiya. Amma gwani ne na gaske, wannan ba a ja. Matsalarsa raini. Ya zo da yaƙinin cewa gini na ƙwarai ɗaya ne a duniya, wanda ya taso daga Girka da Rum ya biyo ta Italiya, kuma wasiƙun da ya riƙa aika wa matarsa cike suke da ba'a ga gine-ginen Hindu da na Mughal. Shi kuwa Lord Hardinge, wakilin Sarki na lokacin, ɗan siyasa ne. Ya san kuɗin harajin Indiyawa za a kashe, ya kuma san abin da fushinsu ke iya yi: ranar 23 ga Disamba 1912, yana shiga Delhi bisa giwa ta kasuwar Chandni Chowk, aka jefa masa bom, mai riƙe masa laima ya mutu, shi ya sha da munanan raunuka. Don haka ya kafe a kan sai ginin ya yi kama da na ƙasar. Ya sa Lutyens ya zaga Agra da Jaipur da Mandu da sauransu, ya je ya gani da idonsa.

Lutyens ya tafi yana gunaguni, ya dawo yana gunaguni, amma idonsa ya fi bakinsa gaskiya. Kuma akwai malamin da ya fi Hardinge iya tilastawa, wato ranar Delhi. A watan Mayu da Yuni zafi kan haura digiri 45, sai kuma damina ta sauko da ruwa kamar da bakin ƙwarya. Ginin Ingila mai manyan tagogi da siririn ado a goshi, in ka kafa shi a nan, murhu ka gina. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, magina na Indiya kuwa sun daɗe da gano maganin.

Maganin farko shi ne abin da suke kira chhajja. Falalen dutse ne siriri da ke fitowa daga bango a ƙarƙashin rufi, ya ɗan sunkuya ƙasa kamar bakin malafa. Na wannan gida ya fito wajen ƙafa 8, ya kuma zagaye ginin gaba ɗaya. Na taɓa tsayawa a farfajiyar da hantsi ina kallonsa. Bangon na ƙyalli har ido ba ya iya jurewa, amma a ƙarƙashin wannan dutse akwai baƙar inuwa miƙaƙƙiya daga wannan kusurwa zuwa waccan, kai ka ce da gawayi aka ja layi. Aikinsa na zahiri shi ne hana rana dukan bango da jefar da ruwan sama nesa da tagogi. Amma Lutyens ya gano wani abu kuma: a irin wannan haske ƙananan sassaƙe-sassaƙen Turai narkewa suke, ido ba ya kama su, inuwa kaɗai ke fitowa. Sai ya yi ado da inuwa. Gini ne mai faɗin sama da mita 190, kuma wannan layi ɗaya ne ke ɗaure shi wuri guda. Cire shi, abin da zai rage bariki ne.

A saman rufin za ka ga 'yan ƙananan rumfunan dutse jere, su ne chhatri, daga kalmarsu ta laima. A gine-ginen Rajasthan da na Mughal dogaye ne masu siraran ƙafafu, suna tsaye kamar 'yan rawa. Lutyens ya gajarta nasa, ya danne su har suka kusa nutsewa cikin katangar rufin. Wasu na ganin ya kashe musu armashi. Ni ina ganin daidai ya yi, don dogayen da sun yi wa wannan jibgegen gini kamar kwalliyar aro. Akwai kuma jaali, dutsen da aka huhhuda kamar rariya, iska ta shiga rana ta tsaya a waje. Ƙara da bango mai kauri, da barandu masu zurfi da ke tsakanin ɗakuna da waje, da tsakar gida nan da can, har da maɓuɓɓugan ruwa a kan rufi, kwanukan dutse da ruwa ke zubowa daga ɗaya zuwa ɗaya. Duk wannan kafin na'urar sanyaya ɗaki ta zama ruwan dare.

Launi ma aro ne. Ƙasan ginin jan dutse, samansa mai ruwan madara, duka daga yankin Dholpur. Haɗa jan dutse da fari tsohon salo ne a Delhi, ka duba kabarin Humayun, ɗaya daga sarakunan Mughal, ka gani. Ina jin nan ne abokinka ya zame.

Ƙubbar ita ce ta fi jawo gardama tsakanin masana. Lutyens ya ce daga Pantheon na birnin Rum ya ɗauko ta, kuma daga ciki haka take. Daga waje kuwa duk wanda ya san Sanchi, tsohon ginin ibadar mabiya Buddha da aka fara tun zamanin Sarki Ashoka a ƙarni na 3 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), zai gane ta nan take: ƙwarya ce a kife, ba tsini, ba wuya irin na ƙubbar Mughal mai kama da albasa, kuma a gindinta an sassaƙa shinge irin wanda ya kewaye Sanchi. An lulluɓe ta da jan ƙarfe, shekaru suka mai da shi baƙi. Wannan ita ce hujjar da za ka kai wa abokinka. Ya ajiye hoton Taj Mahal kusa da wannan ya dubi ƙubbobin biyu. Taj Mahal ma, a faɗa masa, kabari ne, ba a taɓa zama a cikinsa ba.

In ka hau matakala 31 na ƙofar gaba za ka shiga tsakanin ginshiƙai, 12 a jeren farko. Ɗaga kai ka dubi kawunansu. Ba irin na Girka ba ne da aka saba, Lutyens ne ya ƙirƙiro nasa, kuma a kusurwa huɗun kowanne akwai ƙararrawa ta dutse a rataye, irin ta wuraren ibadar Indiya. Ana ba da labarin cewa akwai camfin da ke cewa ƙarar ƙararrawa ce ke shelar ƙarewar daula, to ta dutse ba ta kaɗawa. Ko da wannan niyya aka yi ko daga baya aka laƙa labarin, lissafin dai shi ne: shekara 17 ana gini, shekara 18 Turawa suka yi a ciki.

Sai labarin da duk ɗalibin zanen gini ya kamata ya haddace. Lutyens ya so gidan ya tsaya shi kaɗai a kan tudun, ofisoshin gwamnati a ƙasa. Abokin aikinsa Herbert Baker, wanda ya zana ginin gwamnati na Pretoria a Afirka ta Kudu, shi aka ba ofisoshin, kuma ya nemi su ma a hau da su tudun. Lutyens ya yarda, ya ja gidansa baya, ya sa hannu a takarda a 1913. A cikin takardar akwai lissafin gangaren hanyar da za ta haura tsakanin ofisoshin biyu. Bai auna abin da wannan lissafi zai haifar ba sai wajen 1916, da ƙasa ta fara nuna masa. Ya yi ta kai ƙara, har gaban Sarki, amma bakin alƙalami ya bushe.

Abin da ya faru sai an taka da ƙafa ake jin sa. Ka taso daga India Gate, ƙatuwar ƙofar tunawa da sojoji da ke ɗaya ƙarshen, ka miƙi babban titin, gidan na gabanka ɗungurungum, da ginshiƙansa da matakalarsa. Kana matsowa, maimakon ya ƙara girma sai ya fara nutsewa. Matakala ta ɓace, ginshiƙai su bi ta. Lokacin da ka iso dandalin Vijay Chowk a gindin tudun, ƙubba kaɗai ta rage tana leƙe a bayan kwalta, ofisoshin Baker kuwa sun tsaya dama da hagu suna cika ido. Ranar da na fara gani dariya ta kama ni, sannan tausayi. Lutyens ya kira abin Bakerloo ɗinsa, wasa da sunan Baker da na Waterloo inda aka karya Napoleon, kuma abotarsu ta yi shekaru ba ta farfaɗo ba. Akwai masu kare Baker da cewa ɓacewar da sake bayyanar gidan wani armashi ne. Ban yarda ba. Kuskure ne, sa'a ce kawai ta sa bai yi muni ba.

An tsara gama aikin cikin shekara 4. Yaƙin Duniya na Ɗaya ya shigo, kuɗi suka ƙafe, Hardinge ma ya riga ya sa an rage girman zanen da kusan kashi ɗaya cikin uku. An ware fam 400,000, aka ƙare a fam 877,136. Abin da ya fito: ɗakuna 340 a hawa huɗu, bulo miliyan 700, lunguna masu tsawon kilomita 2.5, a cikin fili mai eka sama da 300. An shimfiɗa layin dogo musamman don jigilar dutse. Ma'aikata sama da 20,000 ne suka yi aikin, leburori maza da mata daga Rajasthan da Punjab, da masassaƙa dutse waɗanda sana'ar gadonsu ce. 'Yan kwangilar ma 'yan ƙasa ne, irin su Haroun-al-Rashid da Sobha Singh. Saboda haka in an ce Turawa suka gina, a fahimta: Bature ya zana, Bature ya ba da umarni, amma hannu da guduma da kuɗin duk na Indiya ne.

Daga ciki, zuciyar gidan ita ce zauren da ke ƙarƙashin ƙubba, inda aka ajiye kujerun sarauta biyu na wakilin Sarki da matarsa. An daidaita shi ta yadda layi ɗaya zai taso daga kujerar, ya fita ƙofa, ya ratsa dogon ginshiƙin da Maharaja na Jaipur ya bayar kyauta a farfajiya, ya gangara titin har India Gate. Birni guda aka jera a gaban kujerar mutum ɗaya. Bayan gida kuma lambu ne mai eka 15, da magudanan ruwa masu gicciye juna irin na lambunan Mughal a Kashmir, aka cika tsakaninsu da ciyawa da furannin Ingila.

Lord Irwin ne ya fara tarewa, ranar 23 ga Disamba 1929. A safiyar ranar aka tayar da bom a ƙarƙashin jirgin ƙasan da ya ɗauko shi, dab da Delhi, bai ji ciwo ba. Duba kwanan watan da kyau: rana ɗaya da ta Hardinge, shekara 17 tsakani. An yi bikin buɗe sabon birnin a Fabrairu 1931, kuma kafin watan ya fita Gandhi ya hau waccan matakala da mayafinsa da sandarsa, bai daɗe da fitowa daga kurkuku ba, ya zauna da Irwin suna tattaunawa kamar tsara da tsara. Winston Churchill, ɗan siyasar Ingila, ya fusata, ya yi jawabin da ya kira shi faƙiri mai rabin tsiraici da ke taka matakalar fadar wakilin Sarki. Churchill ya fahimci ginin sarai. An yi matakalar ne don mai hawa ya ji ƙanƙantarsa, ga kuma wanda ya hau bai ji ba. Bayan Irwin mutum huɗu kawai suka biyo: Willingdon, Linlithgow, Wavell, Mountbatten.

Yanzu ga rabin tambayarka na biyu. Ba kai ka fara yin ta ba. Gandhi da kansa ya so a mai da gidan asibiti. Abin da ya hana, a ganina, abu ne da ba a cika lura da shi ba: mulki ya fita daga gidan tun kafin a yanke shawarar abin da za a yi da shi. A tsarin Indiya iko na hannun Firaminista, kuma Nehru, Firaminista na farko, bai zauna a nan ba, ya tare a Teen Murti, tsohon gidan babban kwamandan sojan Birtaniya. Shugaban ƙasa uban ƙasa ne, yana sa hannu a doka, yana rantsarwa, yana karɓar baƙi. Da mai iko ne ya gaji kujerar wakilin Sarki, da mutane sun ce an canza fata ne kawai. Da yake mai alfarma ne marar iko, sai gidan ya zama na biki.

Kuma wanda ya fara shiga daga 'yan ƙasa ya kafa sunna mai kyau. C. Rajagopalachari ya zama Gwamna-Janar a Yuni 1948. Ya leƙa ɗakunan wakilin Sarki ya ce sun fi ƙarfinsa, ya koma wasu 'yan ɗakuna a ɓangaren arewa, har ya sa aka noma alkama a wani sashe na filin lokacin ƙarancin abinci. Ranar 26 ga Janairu 1950 Rajendra Prasad ya zama shugaban ƙasa na farko, gidan ya samu sunansa na yanzu, shi ma ya zauna inda Rajagopalachari ya zauna. Har yau haka ake yi: shugaban ƙasa na gefe, ɗakunan alfarmar kuwa masaukin shugabannin ƙasashen waje ne. A zauren ƙubba an kawar da kujeru biyun, a bayan kujerar shugaban ƙasa an tsayar da wani tsohon sassaƙen Buddha na zamanin daular Gupta. Musulmi uku sun zauna a gidan a matsayin zaɓaɓɓun shugabanni, Zakir Husain da Fakhruddin Ali Ahmed da Abdul Kalam. A 2022 kuma Droupadi Murmu ta shiga, 'yar ƙabilar Santal, daga cikin al'ummomin da aka fi dannewa a ƙasar. Ana yankar tikiti a shiga yawon kallo, lambun ma ana buɗe shi ga jama'a wajen Fabrairu da Maris. Ban da haka akwai lissafi na hankali: ƙasar da ta fito daga rabuwa da Pakistan da miliyoyin 'yan gudun hijira ba ta da kuɗin rushe ɗakuna 340 ta gina wasu don huce haushi.

Ba wai maganar ta mutu ba. Abin da ba a yi da gatari ba ana yin sa da suna. Titin da Turawa suka kira Kingsway ya zama Rajpath, a 2022 ya koma Kartavya Path. Mutum-mutumin George na Biyar da ke kusa da India Gate an ɗauke shi tun 1968, rumfarsa ta zauna fanko fiye da shekara 50 kafin a sa na Subhas Chandra Bose, ɗan gwagwarmayar neman 'yancin Indiya. A Janairu 2023 lambun bayan gidan, da ake kira lambun Mughal, ya zama Amrit Udyan, a Yuli 2024 zauren ƙubba, da ake kira zauren Durbar, ya zama Ganatantra Mandap. Ka lura ba sunayen Turawa kaɗai ake gogewa ba, har da na Mughal da kalmomin da suka zo ta Farisanci, kuma wannan siyasar cikin gida ce ta yau, ba ta da alaƙa da Lutyens. Ni dai ban ga abin da lambun ya yi ba. Tsarinsa na Mughal ne ko da wane suna aka kira shi.

Akwai wani zaure da Turawa suka yi don rawa, daɓensa na katako mai ɗan lanƙwasa a ƙarƙashin ƙafa. Bayan 'yanci ya zama Ashok Hall, yanzu Ashok Mandap, nan jakadu ke miƙa takardunsu. In Allah ya kai ka, ka ɗaga kai. A tsakiyar silin akwai zanen Fath Ali Shah, sarkin Farisa, bisa doki yana farauta da 'ya'yansa 22. Kyauta ce ya aika wa Sarkin Ingila George na Huɗu, aka kawo ta Delhi, sannan matar Willingdon ta sa wani mai zane ɗan Italiya ya cika sauran silin da dazuzzuka da namun daji da baitocin Farisanci, ba tare da an tambayi Lutyens ba, abin da ya ƙona masa rai ƙwarai. Yana nan har yanzu. Ka ce wa abokinka in yana neman abin da zai riƙe a musunku, ga sarki Musulmi a cikin gidan, sai dai na Farisa ne, kuma a sili yake.